Wake da shinkafar Katsina: yadda jihar ta zaɓi 'yan majalisar tarayya a 2023

Malam Sabi'u, Ƙofar Ƙaura:
Assalamu alaikum jama'ar wannan zaure. Ina so mu koma kan ranar Asabar 25 ga Fabrairu 2023, domin har yau ana yawo da maganganu biyu masu karo da juna. Wasu na cewa Katsina ta juya wa APC baya, wasu na cewa har gobe jihar sak take yi. Ga abin da INEC ta bayyana a zaɓen shugaban ƙasa: Atiku 489,045, Tinubu 482,283, Kwankwaso 69,386, Obi 6,376. Ratar ƙuri'a 6,762 ce kacal. Amma a wannan rana, a rumfunan nan dai, da masu zaɓen nan dai, APC ta kwashe kujerun sanata uku: Abdul'aziz Musa 'Yar'aduwa a Katsina ta Tsakiya, Nasiru Sani Zangon Daura a shiyyar Daura, Muntari Ɗandutse a shiyyar Funtuwa. A majalisar wakilai kuma, cikin kujeru 15, APC ta ɗauki mafi yawa, PDP ta tsinci wasu. Tambayata ita ce, ta yaya mutum ɗaya ya shiga rumfa ya fito da sakamako iri uku? Ina roƙon a yi magana da hujja, ban da zagi.

Auwal, Dutsin-Ma:
Wa alaikumus salam Malam. Kafin a kai ga dalili, a duba lissafi tukuna, don akwai abin da ake tsallakewa. A 2019 marigayi Buhari ya samu 1,232,133 a Katsina, Atiku 308,056. Wato daga 2019 zuwa 2023 APC ta zubar da ƙuri'a 749,850. Nawa PDP ta ƙaru da su? 180,989. A haɗa da na NNPP gaba ɗaya, ya zama 250,375. To ina sauran kusan rabin miliyan? Ba su je ko'ina ba, gida suka zauna. Rajistar Katsina a 2023 ta wuce mutum miliyan uku da rabi, waɗanda suka fito ba su kai kashi ɗaya cikin uku ba. Ni a ganina babban labarin ranar shi ne mutanen da suka ƙi fitowa, kuma yawancinsu masu zaɓen Buhari ne a da.

Hajiya Rabi, Daura:
Auwal ya taɓo inda yake. Ka tuna halin da ake ciki a makon. Babban Banki ya canza fasalin naira 200 da 500 da 1,000, an daina karɓar tsofaffin 500 da 1,000, sababbi kuma babu su. Masu POS na sayar da kuɗi da kuɗi, ga dogon layin mai. Matar da rajistarta ke ƙauyen iyayenta, aure ya kawo ta cikin gari, da me za ta biya kuɗin mota? Kuma mata su ne ƙashin bayan layin zaɓe a nan yankin. Jam'iyyun ma da suka saba ɗaukar hayar motoci su kwaso mutane, tsabar kuɗin ta yi musu ƙaranci.

Kabiru, Jibiya:
Hajiya ban musa ba, amma kar a ɗora komai kan canjin kuɗi. Fushin ya girme shi. Rufe boda daga Agustan 2019 zuwa Disambar 2020 ya karya kasuwancin Jibiya da Mai'aduwa da Kwangwalam. An ɗebe ɗalibai sama da 300 a makarantar Ƙanƙara a Disambar 2020. A 2021 an katse layukan waya a ƙananan hukumomi da dama, an rufe kasuwannin dabbobi. Manomin Batsari ko Safana da shekara da shekaru bai taka gonarsa ta daji ba, ba sai an canza kuɗi zai yi fushi ba.

Baba Ɗanjuma, Mashi:
Kabiru ɗana, maganarka gaskiya ce, sai dai ba ta isa ta warware tambayar Malam Sabi'u ba. Ɗauki taswira ka duba. Batsari/Safana/Ɗanmusa ta tafi PDP, Aliyu Iliyasu ya ci, wannan ya dace da zancenka. To amma mazaɓarku ta Jibiya/Kaita fa? Wa ya fi Jibiya shan wuyar 'yan bindiga da rufe boda? Duk da haka Sada Soli na APC ya koma kujerarsa. Juyo nan wajenmu, Mashi/Dutsi ba ta cikin ƙananan hukumomin da ke bakin dajin Rugu, kuma a shiyyar Daura take, shiyyar shugaban ƙasa mai ci a lokacin, amma Salisu Yusuf Majigiri na PDP ya ɗauke ta. Bakori/Ɗanja ta tafi wurin Abdullahi Balarabe Dabai na PDP. Cikin birnin Katsina ma Aminu Chindo na PDP aka fara bayyanawa. Da tsaro kaɗai ne ma'auni, da taswirar ba ta fito haka ba. A kujerar wakilai mutane mutum suke dubawa: wane ne shi, ɗan wace ƙaramar hukuma ne, ya aka yi ya samu tikiti, wa ya ɓata wa.

Kabiru, Jibiya:
Na karɓi gyara Baba, Allah ya ƙara girma. Amma a ƙuri'ar shugaban ƙasa ina nan kan bakana, can fushin ya sauka.

Baba Ɗanjuma, Mashi:
A nan ba mu da saɓani. Can aka huce haushi, nan ƙasa aka yi zaɓen sanayya.

Malama Hadiza, Funtuwa:
Bari in shigo da zaɓen fidda gwani, domin daga watan Mayun 2022 aka shuka abin da aka girba. Dokar zaɓe ta 2022, a sashe na 84, ta fito ba tare da ta ambaci daliget na dindindin ba, wato kansiloli da ciyamomi da tsofaffin 'yan majalisa da shugabannin jam'iyya waɗanda a da muƙaminsu ke ba su damar jefa ƙuri'a. Majalisa ta yi gyara daga baya, shugaban ƙasa bai sa hannu kafin a yi zaɓukan ba. Sai ya zama zaɓaɓɓun daliget kaɗai ke da ta cewa. A APC mutum biyar ne daga kowace gunduma, Katsina na da gunduma 361, shi ya ba da 1,805 a zaɓen fidda ɗan takarar gwamna. Ku sauko da wannan lissafi kan kujerar wakilai. Mazaɓar da ke da gunduma ashirin da 'yan kai, mutum ɗari da 'yan kai ne za su yanke wa dubban ɗaruruwa hukuncin wanda zai tsaya. Duk wanda ya rubuta sunayen daliget ya gama zaɓen tun kafin a shiga fili. Waɗanda aka kayar ta wannan hanya, wasu suka fice, wasu suka zauna a ciki suna zagon ƙasa, kuma na biyun sun fi illa.

A duba sanatocin 2019: Ahmad Babba Kaita, Kabir Barkiya, Bello Mandiya. Babu ɗaya da ya koma. Kaita ya bar APC zuwa PDP a 2022, ya yi takara a can, Nasiru Sani ya kayar da shi. Mustapha Inuwa, tsohon sakataren gwamnatin jiha, bayan ya rasa tikitin gwamna shi ma ya koma PDP ya jagoranci yaƙin neman zaɓenta. Fatuhu Muhammad, ɗan ɗan'uwan Buhari, ya rasa tikitin Daura/Sandamu/Mai'aduwa ya bar jam'iyyar. Kowane ɗaya daga cikin waɗannan da jama'arsa ya tafi.

Auwal, Dutsin-Ma:
To Malama, in haka ne me ya hana PDP cin sanata ko ɗaya? Atiku ya ci jihar, ga manyan da suka shigo mata.

Malama Hadiza, Funtuwa:
Dalili biyu nake gani. Na farko girman mazaɓa. Shiyyar Daura ƙananan hukumomi 12 ce, Katsina ta Tsakiya 11, Funtuwa 11. Ɗan takarar wakilai mai farin jini zai iya taka kowace gunduma ta ƙananan hukumomi biyu ko uku da ƙafarsa, ya san limami, ya san sarkin kasuwa, ya rufe giɓin da jam'iyyarsa ke da shi. A ƙananan hukumomi 11 ko 12 wannan ba ya yiwuwa, sai da tsarin jam'iyya a ƙasa, kuma APC ce ke riƙe da gwamnatin jiha da shugabannin ƙananan hukumomi. Kaita ɗan Kankiya ne, yana da ƙarfi a wancan ɓangare, amma sai ya ratsa Zango da Baure, inda Nasiru Sani ya wakilta a majalisar wakilai, ga Daura da Sandamu da Mai'aduwa. Haka Ɗandutse, daga kujerar Funtuwa/Ɗandume ya taso. Na biyu, ita kanta PDP a rabe take, ɓangaren tsohon gwamna Ibrahim Shema da ɓangaren Yakubu Lado, ɗan takarar gwamna, ba sa ga maciji. Atiku kowa na iya zaɓarsa ba tare da ya tambayi ɓangare ba, amma ɗan takarar sanata ko na wakilai an san na wane ne.

Hajiya Rabi, Daura:
A ƙara da sunan gida. A Katsina ta Tsakiya, ƙanin marigayi Umaru Musa ne a kan tikitin. Dattijon da ya dangwala wa lema a takardar shugaban ƙasa, ba wuya ya koma kan tsintsiya a ta sanata saboda gidan 'Yar'aduwa.

Malam Sabi'u, Ƙofar Ƙaura:
Madalla. Yanzu ga inda nake so mu daɗe. Akwai masu cewa wannan rabuwar ƙuri'a ba ta yiwuwa ga mutanen karkara, wai ƙulla ta aka yi a wurin tattara sakamako. Wanda ya san aikin rumfa ya bayyana mana yadda ake gane gaskiyar wannan zargi ko ƙaryarsa.

Malam Isiyaku, Kankiya:
Masu wannan magana raina mutanen ƙauye suke yi, kuma ana iya gwada zancen da takarda. Ga yadda rumfa ke tafiya a ƙa'idar da aka yi 2023 da ita. Ma'aikata huɗu ne: shugaban rumfa, wanda galibi ɗan bautar ƙasa ne, da mataimaka uku. Ana buɗewa 8:30 na safe, a rufe layi 2:30 na rana, duk wanda ke kan layi a lokacin sai ya yi zaɓe ko da za a kai dare. Mai zaɓe ya miƙa katinsa, na'urar BVAS ta nemo sunansa, ta gwada yatsa, in yatsa ya ƙi ta gwada fuska. Ta amince, a yi masa alama a rajista, a shafa tawada a farce, shugaban rumfa ya buga hatimi a bayan takardun ƙuri'a ya sa hannu da kwanan wata, ya ba shi uku a tare. Akwati uku ne, mai jan murfi na shugaban ƙasa, mai baƙi na sanata, mai kore na wakilai.

Abin lura a nan: tantancewa sau ɗaya ake yi wa zaɓe ukun. Saboda haka adadin waɗanda aka tantance dole ya zama ɗaya a takardun sakamako uku na rumfar, EC8A ta shugaban ƙasa, EC8A(I) ta sanata, EC8A(II) ta wakilai. Jera su ukun a gabanka. Misali kawai: an tantance 300. A ta shugaban ƙasa lema 150, tsintsiya 120. A ta sanata lema 110, tsintsiya 165. In jimillar kowace takarda ba ta haura 300 ba, ga sa hannun ejan-ejan na jam'iyyu, babu kankare ko gyaran alƙalami, to aƙalla mutum arba'in sun canza hannu tsakanin takarda da takarda, a gaban jama'a aka ƙirga. Wannan shi ne wake da shinkafa, kuma tun a rumfa ake ganinsa kafin takarda ta je hannun kowa.

Kuma a tuna babu sunan ɗan takara ko hotonsa a takardar ƙuri'a, tambarin jam'iyya ne da gajeren sunanta. Don haka masu yaƙin neman zaɓe suka riƙa koyar da mutane gida gida, a wannan takarda nan za ki dangwala, a waccan can. Wanda ya iya bambance buhun iri da na taki ba zai kasa bambance takarda uku ba.

Auwal, Dutsin-Ma:
Malam Isiyaku, in an samu bambanci a jimillar takardun uku fa? A ce ta sanata 296, ta wakilai 291?

Malam Isiyaku, Kankiya:
Ƙasa da adadin tantancewa ba laifi ba ne a kan kansa. Wani ya karɓi uku ya jefa biyu, wani ya tafi da ɗaya a aljihu. Haurawa ce matsala. Sashe na 51 na dokar zaɓe ta 2022 ya ce in ƙuri'un da aka jefa sun fi waɗanda aka tantance yawa, a soke sakamakon rumfar. A tsohuwar doka da yawan masu rajista ake gwadawa, shi ya sa a da rumfa mai rajista 800 da mutum 200 suka fito ake iya cusa mata 500 ba a kama ba. Yanzu da adadin BVAS ake gwadawa, ko da ƙuri'a ɗaya ce ta haura, aringizo ne.

Lissafin da kowane ejan ya kamata ya yi kafin ya sa hannu guda uku ne. Takardun da aka ba rumfa su yi daidai da waɗanda aka yi amfani da su haɗe da waɗanda suka rage. Waɗanda aka yi amfani da su su yi daidai da sahihai, da waɗanda aka ƙi karɓa, da waɗanda suka lalace a hannun mai zaɓe kafin ya jefa aka canza masa. Sahihai da waɗanda aka ƙi karɓa kuma kada su wuce lambar da ke kan fuskar BVAS, kuma ejan ya nemi a nuna masa lambar da idonsa. Yana da damar neman a sake ƙirga, amma sau ɗaya tak doka ta ba shi.

Inda ƙuri'a ke yawan mutuwa: tawada ta yi yawa a yatsa, a naɗe takarda tun ba ta bushe ba, ta shafi gidan wata jam'iyya. Ko yatsa ya hau kan layi tsakanin gida biyu. Ko shugaban rumfa ya manta hatimin baya saboda cunkoso. A tseren da ratarsa 'yan ɗaruruwa ce, waɗannan kaɗai sun isa su juya kujera.

Hajiya Rabi, Daura:
A kan BVAS ina da ƙari. Tsofaffi da masu aikin hannu, da matan da suka yi lalle ya kama sosai, yatsansu kan ƙi karantuwa. Sai a koma fuska, ita kuma tana son haske, kuma hoton rajistar wasu tun na 2011 ne. Mace mai niƙabi sai ta ɗaga, shi ya sa yana da kyau a samu mace cikin ma'aikatan rumfa. Duk wanda na'ura ta ƙi ta hanya biyun ba shi da zaɓe, an daina cike fom ɗin uzuri irin na zamanin kad rida. In na'urar ce ta mutu gaba ɗaya kuma ba a kawo wata ba, sashe na 47 na dokar 2022 ya ce a dakatar a sake cikin awa 24, matuƙar rumfar za ta iya shafar sakamako.

Kabiru, Jibiya:
Sai batun rumfunan da INEC ta ƙara a 2021. An raba manyan rumfuna, an mayar da wasu mutane sababbi, da yawa ba su sani ba sai ranar zaɓe. Mutum ya yi awa biyu a layi a ce masa sunansa na wata rumfa. Ga kuma waɗanda suka baro ƙauyukansu suka dawo cikin Jibiya ko Batsari ko Katsina. Katinsu na rumfar ƙauye ne, in ba su nemi canjin wuri ba tun lokacin rajista, ko ba a haɗa rumfarsu a wani amintaccen wuri ba, ƙuri'arsu ta tafi. Wannan ma yana cikin rabin miliyan ɗin Auwal.

Barista Nafi'u, Katsina:
Na gode wa Malam Isiyaku, ya sauƙaƙa mini. Zan ɗora daga inda takarda ta bar rumfa, don nan ne zargin Malam Sabi'u ke da wurin zama in har yana da shi. EC8A na zuwa cibiyar gunduma a zuba ta cikin EC8B, daga nan ƙaramar hukuma EC8C, sai cibiyar mazaɓa EC8D, baturen zaɓe ya bayyana wanda ya ci a EC8E. Mataki mafi rauni shi ne na gunduma. Dare ya yi, wuta babu, ejan-ejan sun gaji ko sun tafi murna, jami'i ɗaya na kwafe lambobin rumfa goma sha ko ashirin da hannu. 17 ta koma 71, ko a sauya gidan jam'iyya biyu, wani lokaci kuskure ne na gajiya, wani lokaci da gangan. Sashe na 64 na dokar 2022 ya wajabta wa jami'in tattarawa ya gwada abin da ke takarda da abin da BVAS ta riƙe kafin ya karɓa, amma in babu ejan riƙe da kwafensa da zai ce a tsaya, wa zai tilasta?

Abin da ya sa nake ganin sakamakon majalisa na 2023 ya fi sauƙin bincike: a ranar, hotunan takardun sanata da na wakilai sun riƙa hawa shafin IReV, inda INEC ke ɗora sakamakon rumfuna, na shugaban ƙasa ne suka maƙale, INEC ta ce matsalar na'ura ce. Don haka duk mai shakka kan wata gunduma yana da hanyar gwada hoton rumfa da abin da aka rubuta a EC8B. Sai dai a sani, Kotun Ƙoli a hukuncinta na 26 ga Oktoba 2023 ta ce IReV wurin kallo ne, ba wurin tattara sakamako ba. A kotu takardar hannu mai hatimin INEC da rahoton BVAS su ne hujja.

Auwal, Dutsin-Ma:
Barista, yaushe ake cewa zaɓe bai kammalu ba? Mutane na ɗauka son rai ne na baturen zaɓe.

Barista Nafi'u, Katsina:
Lissafi ne. Rumfar da ba a yi zaɓe ba ko aka soke, ana shigar da ita fom EC40G. A tara yawan waɗanda suka karɓi katin zaɓe a waɗannan rumfuna, a gwada da ratar da ke tsakanin na ɗaya da na biyu. In ratar ta fi yawa, a bayyana mai nasara. In ba ta kai ba, sai an sake a rumfunan. Misali rata 1,500, katunan rumfunan da aka soke 2,200, babu bayyanawa. A 2023 ranar 15 ga Afrilu aka yi irin waɗannan zaɓuka na kammalawa a faɗin ƙasa. Illar tsarin ita ce wanda ya ga zai faɗi yana iya tayar da rikici a rumfunan da abokin takararsa ke da ƙarfi don a soke su, ya samu zagaye na biyu inda za a tattara kuɗi da jami'ai a 'yan rumfuna kaɗan. Kuma a kujerar majalisa babu zancen kashi 25 cikin 100 kamar na shugaban ƙasa ko gwamna, wanda ya fi yawan ƙuri'a ko da ɗaya ce shi ya ci.

A kan shari'a: kwana 21 daga ranar bayyana sakamako ake da su a shigar da ƙara, tare da sunayen shaidu da rubutattun bayanansu da jerin takardu. Kotun zaɓe na da kwana 180, ɗaukaka ƙara kwana 60, kuma a kujerar majalisa Kotun Ɗaukaka Ƙara ce ƙarshe, ba a zuwa Kotun Ƙoli. Yawancin ƙararraki a kan abu ɗaya suke mutuwa: mai ƙara ya yi zargin rumfa ɗari, ya kawo shaidu biyar, su ma ejan-ejan na ƙaramar hukuma ne da ba su tsaya a rumfar ba. Kotu ta ce ji-ta-ji-ta ne. Rikicin fidda gwani kuwa Babbar Kotun Tarayya ake kai shi, cikin kwana 14 da faruwar abin, in ka wuce ko da kwana ɗaya an rufe ƙofa. Kujerar birnin Katsina misali ce ta yadda shari'a ke canza taswira, bayan an gama ta koma hannun Sani Aliyu Ɗanlami na APC.

Baba Ɗanjuma, Mashi:
Barista ka tuna mini 2011. Guguwar CPC ta kwashe kujerun sanata uku, amma jam'iyyar ta shiga zaɓe da jerin 'yan takara biyu, na ɓangaren Lado da na ɓangaren Masari. Abdu Umar 'Yanɗoma da Ahmed Sani Stores suka fara zama a majalisar dattawa, bayan hukuncin Kotun Ƙoli INEC ta janye takardunsu ta ba Hadi Sirika da Abubakar Sadiq 'Yar'aduwa, haka aka yi wa 'yan majalisar wakilai da dama. Mutane sun dangwala wa alƙalami, tambarin CPC, ba su ma san takamaimai wa suke zaɓa ba. Daga 2011 zuwa 2019 haka aka tafi, sunan mutum ɗaya, wato Buhari, ke ɗaukar kowa. A 2015 ya samu 1,345,441 a jihar nan, Jonathan 98,937. A 2023 babu shi a kan takarda. Ya jefa tasa a Daura har ya ɗaga ta ya nuna wa jama'a, duk da haka jihar ba ta bi ba. Kowane ɗan takara ranar da ƙafarsa ya tsaya, kuma ni ina ganin alheri ne ga talaka, don wanda ya san da guminsa ya ci ya fi jin tsoron mazaɓarsa.

Malama Hadiza, Funtuwa:
Baba, da haka ne da na yi murna, amma duba abin da ya biyo baya. A 2025 Majigiri da Dabai da Aliyu Iliyasu duk suka sauya sheƙa zuwa APC a zauren majalisa. Sashe na 68 na kundin tsarin mulki ya ce wanda ya bar jam'iyyar da ta kawo shi ya bar kujera, sai in jam'iyyar ta rabu, kuma kowa da wannan rabuwar yake fakewa. Mutumin Ɗanja da ya tsaya a rana ya raba ƙuri'arsa da gangan, ba a tambaye shi ba. Wannan yana ci mini rai ƙwarai.

Baba Ɗanjuma, Mashi:
Yana da ciwo 'yata. Amma in mutum aka zaɓa kamar yadda muka ce, wasu za su ce maki mutumin nan dai yana nan. Zaɓe na gaba ne zai nuna ko lemar suka bi ko shi.

Auwal, Dutsin-Ma:
Akwai lissafi ɗaya da ya rage mini. Mako uku bayan nan, 18 ga Maris, aka yi na gwamna. Dikko Raɗɗa 859,892, Lado 486,620. Ku gwada da na Fabrairu. PDP ta ragu da 2,425 kacal, kusan tana inda take. APC ta ƙaru da 377,609. Kenan mutanen PDP ba su gudu ba, na APC ne da suka zauna a gida suka fito, ga na NNPP da yawansu suka watse. Kuma a tsakani Kotun Ƙoli ta yanke hukunci ranar 3 ga Maris cewa tsofaffin kuɗi su ci gaba da aiki, abin da ke ƙarfafa zancen Hajiya. Haka nan ƙuri'un Kwankwaso 69,386 sun ninka ratar Atiku da Tinubu sau goma, don haka ko kaɗan daga cikinsu suka karkata gefe guda, labarin Fabrairu ya canza.

Malam Isiyaku, Kankiya:
Lissafin ya yi, sai dai a yi hattara da jimillar jiha. Tana iya ɓoye cewa wasu 'yan ɓangaren Shema sun bar Lado, wasu sababbi kuma sun shigo masa, lambar ta tsaya wuri ɗaya alhali mutanen sun canza. Gunduma gunduma ake gane wannan. Wanda ke son ya yi aikin da gaske ya zaɓi gunduma ɗaya, ya samo EC8A na rumfunanta na Fabrairu guda uku da na gwamna, ya ja layi biyar a takarda: waɗanda aka tantance, APC, PDP, NNPP, waɗanda aka ƙi karɓa. Ya fara da rumfar da adadin tantancewarta ya yi tsalle fiye da sauran tsakanin Fabrairu da Maris.

Barista Nafi'u, Katsina:
In hoton da ke shafin bai fito sosai ba, ko an ɗora takardar wata rumfa a gurbin wata, wanda ya faru a wurare, ana rubuta wa Kwamishinan INEC na jiha takardar neman kwafe mai hatimi, a biya kuɗin da aka ƙayyade a karɓi rasit. A rubuta lambar rumfa cikakkiya, ta jiha da ta ƙaramar hukuma da ta gunduma da ta rumfa, don sunan wuri kaɗai kan zo iri ɗaya a gundumomi daban-daban. A nemi rahoton BVAS na rumfar a cikin takarda ɗaya, kada a raba buƙatar biyu.

Malam Sabi'u, Ƙofar Ƙaura:
To a raba aikin. Auwal ka ɗauki gunduma ɗaya a Dutsin-Ma, Kabiru ɗaya a Jibiya, Malama Hadiza ɗaya a Bakori ko Ɗanja tunda can kujerar ta juya. Baba, in akwai matashin da zai taimaka da Mashi a haɗa shi da Malam Isiyaku ya nuna masa yadda ake jan layukan. Hajiya, ke Daura, a fara da gundumar Sarkin Yara.

Hajiya Rabi, Daura:
Na karɓa. Malam Isiyaku ka turo samfurin takardar a nan zauren, kowa ya yi amfani da iri ɗaya don lambobin su haɗu.